Kyautar baki: Yadda "Baba ya ba ni" ke raba 'yan uwa a kan fili da gida

Akwai wata magana da ba a jin ta ranar jana'iza, ba a jin ta ranar sadakar uku, amma da wuya a kai arba'in ba ta fito ba a gidan da mamaci ya bar fili ko gida: "Ai wannan Baba ya ba ni tun yana da rai." Daga ranar da aka faɗe ta, zauren WhatsApp na gidan yakan yi tsit, sai a buɗe wasu ƙanana biyu ko uku, kowane ɗaki da nasa.

Ni ma'aikaciyar jinya ce a sashen tsofaffi na wani asibiti a arewacin Ingila. Mu Hausawan da ke wannan aiki a nan ba mu da yawa, mun san juna, kuma in ka cire zancen biza da farashin fam, babu hirar da ta kai ta fili yawa a tsakaninmu. Wannan tana gini a Kano, wancan ya sayi fuloti a Kaduna, waccan an ba ta gona a ƙauyensu. Abin da na lura da shi a shekarun nan shi ne, a yawancin rigingimun da nake ji babu ɓarawo a ciki. Wanda ya ce an ba shi, an ba shi ɗin. Waɗanda suka ce na gado ne, su ma da hujjarsu. Mu dai mun ɗauka kyauta a baki take ƙarewa, alhali shari'ar da ake raba mana gado da ita ba haka ta ɗauke ta ba.

Wata abokiyar aikina 'yar Kano, ranar da ta gama makarantar jinya mahaifinta ya kira ta ɗakinsa, a gaban mahaifiyarta da wani baffanta, ya ce filinsa da ke wajen Ɗanbare ya ba ta halak malak. Ta durƙusa ta yi godiya, aka yi addu'a, aka tashi. Takardar filin ta ci gaba da zama a akwatin Baba. Mutumin da ke noma wurin ya ci gaba da kawo wa Baba ɗan abin da ya samu duk kaka. Ita kuma aure, aiki, sannan tafiya Ingila. Wa zai ce wa mahaifinsa miƙo mini takardar? Ai sai a ce ta ƙosa ya mutu.

Da Allah Ya yi masa rasuwa aka zo rabon gado, ta kawo maganar ta waya, baffan ya tabbatar da ita. Malamin da ke rabon bai ƙaryata kowa ba. Tambaya ɗaya ya yi: bayan an ba ta, ta karɓa? Ta kewaye shi, ko ta sa wani a ciki da sunanta, ko ta taɓa karɓar amfaninsa? Aka ce a'a. Ya ce to filin yana cikin gado. Ta tashi da rabin abin da kowane namiji ya samu a wurin da ta yi shekaru tana ce wa nata. Har yau ba ta gaisawa da 'yan ubanta, don a ganinta su suka kawo malamin. Wallahi da ita ta kawo nata malamin, amsar da zai bayar ke nan.

Abin da ake kira hauzi

A mazhabar Malikiyya, wadda da ita kotunan Musulunci na arewacin Najeriya da malaman Nijar suke aiki, kyauta tana ƙulluwa da magana. Idan uba ya ce na ba ki, kika ce na karɓa, kina da haƙƙin neman ya miƙa miki. Amma ba ta cika sai abin ya fita daga hannunsa ya shiga naki, kuma shaidu sun ga hakan da idonsu. Wannan shi ne hauzi. Idan mai kyautar ya rasu, ko ya kwanta ciwon ajali, ko hankalinsa ya gushe, ko bashi ya cinye dukiyarsa kafin a yi hauzi, kyautar ta ɓaci. Haka yake a Risala ta Ibn Abi Zaid da Mukhtasar na Khalil, littattafan da alƙalanmu suka tashi a kansu.

Hukuncin ba sabo ba ne. A cikin Muwaɗɗa Malik akwai labarin Sayyidina Abubakar, Allah Ya ƙara masa yarda, da ya ba 'yarsa Nana A'isha kyautar dabino kimanin wasƙi ashirin daga dukiyarsa da ke Gaba, a gefen Madina. Ba ta je ta yanka ta kwashe ba har ciwon ajali ya kama shi. Da kansa ya shaida mata cewa da ta karɓa da ya zama nata, amma yanzu ya koma dukiyar magada, sai an raba da 'yan uwanta. In aka yi wa Uwar Muminai haka, abokiyar aikina ba ta da inda za ta kai kuka.

Akwai sassauci ga yaron da bai balaga ba: ubansa na iya riƙe masa kyautar, muddin ya bayyana ta ya kafa shaidu. Sai dai ban da gidan da uban yake zaune a ciki. Wannan sai ya tashi ya bar shi. A nan ne mata suka fi cutuwa ba tare da sun sani ba. Miji ya ce wa matarsa gidan nan na ba ki, ya ci gaba da kwana a cikinsa har ya mutu. A wurin Malikiyya wannan kyauta ba ta tabbata ba, domin gidan bai taɓa barin hannunsa ba. Ranar rabo matar za ta koma kan tumuninta, kashi ɗaya cikin takwas idan akwai 'ya'ya, kuma in su biyu ne ko uku ko huɗu, wannan tumunin guda ɗaya za su raba. Na san wata baiwar Allah da ta yi shekara talatin a gida tana cewa nata ne, ta ƙare a ɗakin haya a hannun ɗanta.

To mu da ke waje, kun ga inda abin ya fi shafarmu. Hauzi yana son mutum a wurin, mu kuwa sai hutun sati uku ko huɗu a shekara, shi ma in kuɗin jirgi ya samu. Shari'a ta yarda ka wakilta wani ya karɓa maka, amma wa ke tunanin wakili a kan kyautar mahaifi?

Kuɗina ne, sunansa ne

Ɗaya fuskar ta fi wannan ciwo, kuma ita ta fi yawa. Bankin Duniya ya ƙiyasta abin da 'yan Najeriya mazauna waje suka aika gida a 2023 da kusan dala biliyan 20. Duk wanda ke zaune a waje ya san wani kaso na wannan kuɗi a bulo da siminti da kwano yake ƙarewa, kuma sau da yawa sunan wani ne a takarda, ba na mai kuɗin ba.

Wani ɗan uwan mahaifiyata ya yi sama da shekara goma yana tuƙin mota a Jidda. Duk abin da ya tara yana aika wa ƙanensa, uwa ɗaya uba ɗaya, ya saya masa fili ya gina. Ƙanen mutumin kirki ne, bai ci ko sisi ba. Ya sayi filin, dillali ya ce sunan wa za a rubuta, ya ce a sa nawa tunda Yaya ba ya nan. Ya gina, ya ce maimakon gidan ya zauna kango bari in shiga da iyalina kafin Yaya ya dawo. Yayan ya ce ai ni da kai ɗaya ne. Sai ƙanen ya riga shi rasuwa, a hatsarin mota.

'Ya'yan mamacin a gidan aka haifi wasunsu. Takarda sunan ubansu, lantarki sunan ubansu, mai unguwa ubansu ya sani. Da baffansu ya dawo ya ce gidan nasa ne, babban ya ce masa, "Baffa, mu ba mu taɓa jin haka daga bakin Abba ba." Kuma ba ƙarya ya yi ba. Uwarsu ta san wani abu, amma marayu shida ne a gabanta, sai ta yi shiru.

A kotu, wanda ya yi da'awa shi ke kawo shaida, wanda abin ke hannunsa ya musa shi ke rantsuwa. Baffan shi ne mai da'awa. Ina shaidarsa? Yawancin kuɗin ta hannun mutane ya aiko: ya ba wani riyal a Jidda, wani ya ba ƙanensa naira a Wapa, ko ya damƙa wa alhajin da zai koma gida. 'Yan rasiɗan da ya samo sun nuna ya aika kuɗi, ba su nuna na mene ne ba. Na gini ne, ko na cefanen tsohuwarsu, ko kyauta ce ya yi wa ƙanensa? Ɗaya ɓangaren suka ce kyauta ce, kuma ga hauzi nan ƙarara, tunda mutumin ya karɓa ya gina ya zauna. Hukuncin da ya kayar da abokiyar aikina shi aka juyo a kan wannan bawan Allah ta ɗaya gefen.

Akwai wani abu da ya kamata na waje ya sani, don yana taimakonsa. Alƙalai suna aiki da ƙa'idar daɗewa a wuri: wanda ya zauna a fili ko gida shekara goma yana yin yadda ya ga dama da shi, mai da'awa yana gani ya yi shiru ba tare da uzuri ba, ba a sauraron da'awarsa bayan nan. Tsakanin 'yan uwa malamai sun kai wa'adin shekara arba'in, saboda an san dangi suna yi wa juna kawaici. Sharaɗin kuma shi ne mai da'awar yana nan a gari. Wanda ya yi nisan tafiya ba a lissafa masa shirunsa. Haka nan zaman da ya samo asali daga aro ko haya ko jingina ba ya zama mallaka kome daɗewarsa. Amma fa sai ka iya tabbatar da cewa aro ne. Saƙon murya guda ɗaya da ƙanen ya ce "gidanka ya kai linta, Yaya" da ya yi wa wannan mutumi amfanin da rantsuwa goma ba ta yi masa ba. Wayar ta lalace tun tuni.

A bakin gadon asibiti

Nan ne aikina ya haɗu da maganar. Tsoho mai jinya ba kullum yake cikin hayyacinsa ba, kuma 'yan uwa ba sa ganewa. Ciwon mafitsara kaɗai yana iya ruɗa dattijo ya kasa sanin ranar da ake ciki. Haka ƙoda in ta gaza, haka gishirin jiki in ya yi ƙasa, haka magungunan kashe zafi masu ƙarfi irin su mofin. Mutum zai gaishe ka da safe tsaf, ya tambayi yara ɗaya bayan ɗaya, da magariba ya kira ka da sunan ƙanensa da ya rasu shekara ashirin. A wannan hali duk abin da ka ce masa zai iya cewa e.

A Ingila dokar 2005 kan cikar hankali ta ce ana duba mutum ne a kan shawarar da zai yanke, a lokacin da zai yanke ta. Dokar wasiyya ta 1837 kuma ta ce sai da shaidu biyu a zaune tare, kuma shaidar da aka yi wa wasiyya ya rasa abin da aka bar masa. A inda nake aiki an hana mu sa hannu a irin waɗannan takardu. Duk da haka na sha ganin ɗa ko 'ya sun jawo labule, an fito da waya ana ɗaukar bidiyo, ana cewa faɗi abin da ka gaya mini jiya. Turawa suna yi, Indiyawa suna yi, mu ma muna yi.

A shari'armu wannan bidiyon ba ya kai mutum inda yake zato. Kyautar da aka yi a ciwon ajali hukuncin wasiyya take ɗauka: ba ta wuce sulusin dukiya, kuma ba a yi wa magaji wasiyya sai in sauran magada sun yarda. Wato in Baba yana kan gadon da ba zai tashi ba ya ce gidan Tarauni na wance ne, wance kuma 'yarsa ce, maganar tana hannun 'yan uwanta.

Abin da ke sosa mini rai shi ne, wadda ake yi wa irin wannan kyauta ta ƙarshe sau da yawa ita ce ta fi cancanta. Ita ce 'yar da ta bar kasuwancinta ta yi shekara uku tana juya shi a kan katifa, tana wanke shi, tana kwana a benci a asibiti, yayin da mu na waje muke aiko kuɗin magani muna kiran bidiyo. Na san nauyin wannan aiki domin shi ake biyana in yi, awa goma sha biyu, in tafi gida in huta. Ita ba mai karɓarta. Uban yana gani, yana so ya saka mata, amma sai ya bari sai da ƙarfinsa ya ƙare. A ganina, magadan da suka san haka ta faru kuma suka fake da cewa shari'a ba ta tilasta musu ba, sun ci halal ɗinsu amma ba su kyauta ba. Ƙofar yarda a buɗe take, kowane baligi yana iya bar mata wani abu daga kasonsa.

Ba kuma kowace kyautar uba ce abin tausayi ba. Wata ƙiyayya ce aka naɗe a takarda: a ba 'yan ɗakin mowa shaguna, a bar na bora da kango, ko a rubuta wa maza gonaki tun da rai don kada su faɗa hannun surukai. Hadisin Nu'uman ɗan Bashir, wanda Bukhari da Muslim suka ruwaito, a kan haka yake: mahaifinsa ya ba shi kyauta shi kaɗai, ya je neman Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya shaida, Annabi ya tambaye shi ko ya ba sauran 'ya'yansa irinta, da ya ce a'a sai ya ƙi shaidawa, ya umarce shi da adalci a tsakaninsu. Malaman Malikiyya sun karhanta mutum ya ba wasu 'ya'yansa dukiyarsa duka. Sai dai in an yi hauzi yana da lafiyarsa, kotu takan zartar. Wanda ya san hukunci ya shirya zaluncinsa da kyau yana wucewa, mai kyakkyawar niyya da bai sani ba kyautarsa ta rushe.

Takardar mai unguwa da ta gwamna

Ko an gama da malamai, saura hukuma. Tun Dokar Amfani da Filaye ta 1978, ƙasar kowace jiha a Najeriya tana hannun gwamna ne a matsayin amana. Abin da mutum ke riƙewa izinin zama ne, wanda a birni takardarsa ita ce C of O, galibi ta shekara 99. Sashe na 22 na dokar ya ce mai irin wannan takarda ba ya mayar da ita ga wani sai da amincewar gwamna, kuma kyauta ma mayarwa ce. A Kano hukumar KANGIS ke riƙe da bayanan filaye, a Kaduna KADGIS, a Abuja AGIS. Amma yawancin abin da muke saya a gefen gari awon igiya ne: gona ce aka yanka, takardarta rubutun hannu ne da sa hannun mai unguwa ko dagaci da dillalai. Tana da amfani a matsayin shaidar ciniki, amma ba ta hana a sayar wa mutum biyu wuri ɗaya.

Ga kuma rikicin wace kotu. Sashe na 277 na tsarin mulkin 1999 ya ba kotun ɗaukaka ƙara ta shari'ar Musulunci hurumi a kan wakafi da kyauta da wasiyya da gadon Musulmi. Jayayya a kan mallakar filin da gwamna ya ba da takardarsa kuwa, dokar 1978 babbar kotun jiha ta kai ta. Lauyan da ke son jan lokaci yana iya cin shekaru a kan wannan tambaya kaɗai, kai kuma kana Manchester ko Jidda kana biyan kuɗin kowane zama, ana ɗagewa.

'Yan uwanmu na Maraɗi da Damagaram da Tawa suna da wata hanya da ta fi wannan sauƙi a karkara. Tsarin dokar karkara na Nijar na 1993 ya kafa kwamitocin filaye, waɗanda ake kira Cofo, tun daga matakin ƙauye, kuma suna ba da takardar shaidar kyauta ko saye ko aro ko jingina. Gonar da aka ba ka, ka sa a rubuta ta a can tun mai bayarwa yana tafiya da ƙafarsa.

Wani zai ce me ya sa iyayenmu ba su yi wannan rigima haka ba? Sun yi, amma ƙasa ba ta da wannan kuɗi a lokacin. Gonakin da ke kan titin Gwarzo, wajen sabon mazaunin Jami'ar Bayero, da can gero da dawa ake nomawa. Yau Rijiyar Zaki da Ɗanbare gari ne. Gonar da aka bar wa wani ƙane yana nomawa don ba mai so, da titi ya ratsa ta sai kowa ya tuna kakansa. Sannan tun da aka saki naira a watan Yunin 2023, har fam ɗaya ya haura naira 2,000 a 2024, na gida ya ƙara ganin na waje a matsayin wanda ba ya bukata. Sai ka ji ana cewa, ke da kike cin fam, me za ki yi da fuloti ɗaya? Ba su ga kuɗin haya da haraji da na mai renon yara ba, ba su san filin nan shi ne kaɗai abin da mutum ke kallo ya ce wata rana zan koma ba.

Duk wannan, abin da ke hana mu rubutu kunya ce. Ka ce wa yayanka ya sa hannu a takarda, ya ce yau ni ka mayar bare? Alhali aya mafi tsawo a Alƙur'ani, ta 282 a Suratul Baƙara, a kan rubuta bashi da kafa shaidu take, kuma ba ta ware 'yan uwa ba.

Wata 'yar Zariya da muke aikin dare tare ta cije ta yi abin da yawancinmu ba ma iyawa. Mahaifinta ya ba ta wani tsohon gida da ya saya ya zuba 'yan haya. Ta ɗauki hutun sati biyu ta tafi. Ta ce masa, "Baba, ina so a yi abin nan yadda ko bayan ranmu ba wanda zai zagi wani." Ya yi dariya ya ce Turawa sun koya mata. Amma ya tashi. Aka kira mai unguwa da limamin masallacinsu da maƙwabta biyu waɗanda ba sa cikin magada, aka je gidan, ya miƙa mata makulli da takardu a gabansu, ya gaya wa 'yan hayar daga yau ga mai gidanku. Lauya ya rubuta takardar kyauta, aka shigar da neman sauya suna a KADGIS. Ta rubuta wa ɗan ƙanwar mahaifiyarta takardar wakilci, aka fayyace a ciki cewa shi mai kula ne kawai, kuɗin haya kuma asusunta yake shiga kai tsaye. Ta kuma roƙi mahaifin ya tara sauran 'ya'yansa ya faɗa musu da bakinsa, ya faɗi abin da ya tanadar wa kowannensu.

Babban yayansu bai zo taron ba. Wata biyar ba ya ɗaukar wayarta, kuma matarsa ta yi ta yaɗawa a dangi cewa an zo daga Ingila an raba gadon mutum yana raye. Sai da ƙaramar salla ya kira ta, ya ce yana neman lambar lauyan, akwai shagon da Baba ya ba shi a Sabon Gari tun shekara takwas da suka wuce, har yanzu Baba ke karɓar hayarsa.